Taɓa Fayilolin Wasa A Wayar Hannu: Ilmi Ne Ko Maguɗi?

Duk wanda ya bi ta Unguwar Dosa, a arewacin birnin Kaduna, bayan sallar la'asar, da wuya ya wuce rumfar mai cajin waya ko shagon masu tura fina-finai bai tarar da samari uku ko huɗu sun haɗa kai a kan waya guda ba. Galibi ƙwallon ƙafa ake bugawa a cikinta. In mutum ya ɗan dakata ya leƙa, zai ga wani abin mamaki. Wasan da da yawansu ke bugawa shi ne wanda ake kira PES, na kamfanin Konami, kuma asalinsa an yi shi ne domin wata 'yar na'urar wasa ta hannu mai suna PSP, wadda kamfanin Sony ya fitar a Japan a shekarar 2004. Rabon Konami da ya yi wa wannan na'ura sabon PES tun wanda ya fito a 2013. Amma ga shi a wayar yaran Unguwar Dosa ana ganin Lamine Yamal na Barcelona yana ta yanke masu tsaron baya, alhali yana ɗan shekara shida lokacin da wasan ya fito. Ga kuma Victor Osimhen sanye da rigar Galatasaray, kulob ɗin da bai je ba sai a 2024.

Yaya aka yi haka? Da farko dai akwai wata manhaja mai suna PPSSPP, wadda wani mutumin ƙasar Suwidin, Henrik Rydgård, ya fitar a 2012. Aikinta shi ne ta sa waya ta kwaikwayi waccan na'ura ta Sony. Sa'an nan akwai mutane a ƙasashe daban-daban da suka mayar da gyaran tsohon wasan abin sha'awarsu. Sukan sauya sunayen 'yan wasa, su mayar da kowa sabon kulob ɗinsa, su zana sababbin riguna da fuskoki, su zuba a intanet. Daga nan sai wani ya sauke, ya tura wa abokinsa ta Xender, aboki ya kwance ƙullin da ZArchiver, ya ajiye kowane fayil a burgamin da ya dace da shi, wato jakar da waya ke zuba fayiloli a ciki. Yaron da ya iya wannan jeri ba tare da kuskure ba shi ne gwani a layinsu, kuma ba ya rasa masu neman alfarma.

Iyaye da malamai kan yi wa wannan al'amari ɗayan kallo biyu: ko dai ɓata lokaci ne, ko kuma koyon maguɗi. Ra'ayin wannan maƙala shi ne, abubuwa biyu aka haɗa aka laƙaba musu suna ɗaya. Akwai yaron da ke buɗe fayil da kansa domin ya ga abin da ke ciki. Wannan ya sa ƙafa a ƙofar kimiyyar na'ura mai ƙwaƙwalwa ko da bai sani ba, kuma ya cancanci malami ya kama hannunsa. Akwai kuma wanda ke sauke wasan da wani baƙo ya riga ya fasa, ya girka a waya ba tare da ya san abin da aka cusa a ciki ba. Wannan bai koyi kome ba, kuma mai yiwuwa asusun bankin gidansu ne ya sa a caca. Wanda ya hana su duka biyun da tsawa ɗaya ya yi asarar na farko, na biyun kuwa a ɓoye kawai zai koma yi.

Mene Ne Fayil Ɗin Ajiya?

Wayar hannu irin ta zamani na'ura mai ƙwaƙwalwa ce ƙarama, kuma tana da ma'adana iri biyu. Ta farko kamar allo take, ana rubutu ana wankewa, kuma da zarar an rufe wasa ko batir ya mutu, duk abin da ke kanta ya tafi. Ta biyu kamar littafin mai shago take, abin da aka rubuta yana nan har sai an goge shi da gangan. Lokacin da ake cikin wasa, yawan sulallan mai wasa da matakin da ya kai da ƙarfin 'yan wasansa duk a kan allon nan suke. Domin kada a wayi gari a koma farko, sai wasan ya riƙa kwafe su lokaci-lokaci zuwa littafin. Wannan kwafi shi ne fayil ɗin ajiya.

Abin lura a nan shi ne, sulallan da yaro ya kwana uku yana tarawa ba kome ba ne illa lamba ɗaya a wani gurbi. Wasu wasannin a fili suke rubuta ta, har wanda ya buɗe fayil ɗin zai iya karanta kalma da adadi a gefenta. Wasu kuwa da harshen na'ura suke rubutawa, kuma a nan darasin yake.

Na'ura ba ta san kome ba sai sifiri da ɗaya. Kowane guda daga cikinsu sunansa bit, takwas kuma in suka haɗu sun zama bayit guda. Bayit guda yana iya ɗaukar lamba daga 0 zuwa 255, ba ƙari. To, da yake dogon jerin sifiri da ɗaya yana gajiyar da ido, sai masana suka zaɓi rubuta shi da ƙidaya mai tushe 16, wadda a cikinta bayan 9 ake ci gaba da A, B, C, D, E da F, su tsaya a madadin 10 zuwa 15. Alamomi biyu sun isa bayit guda. Duk ɗalibin sakandare ya taɓa haɗuwa da darasin sauya tushen ƙidaya a ajin lissafi, kuma da yawa sun tambayi kansu ranar da zai yi musu amfani. To ga ranar. Sulalla 500 a tushe 16 su ne 1F4, wato 256 sau ɗaya, da 16 sau goma sha biyar, da kuma 4. Da yake ƙwaƙwalwar wayoyi tana fara ajiye ƙaramin ɓangaren lamba kafin babba, abin da galibi za a gani a cikin fayil shi ne F4 01.

Yanzu a ƙaddara ɗalibi yana da fayil mai dubban irin waɗannan alamomi, yana so ya gano gurbin sulalla. Me zai yi? Sai ya kwafi fayil ɗin ya adana, ya koma cikin wasa ya kashe sulalla 50 bai taɓa wani abu ba bayan wannan, ya sake kwafa, ya jera biyun ya duba inda suka saɓa. Inda F4 01 ta koma C2 01, wato 450, nan ne gurbin. Mai karatu ya lura da abin da yaron nan ya yi. Ya yi hasashe, ya sauya abu ɗaya tak ya bar sauran yadda suke, ya auna sakamako, kuma yana iya maimaitawa domin ya tabbatar. Wannan ita ce hanyar da malamin kimiyya ke fama ya koyar a ɗakin gwaje-gwaje. Bambancin kawai shi ne a nan ba a bukatar kwalba ko sinadari, kuma ba wanda ya tilasta wa yaron.

Daga nan zumuɗi kan kai shi ga darasi na gaba, domin da wuya wanda ya gano gurbin ya tsaya a dubu ɗaya. Wasanni da yawa bayit huɗu suke ware wa adadi, kuma mafi girman lambar da wannan gurbi ke ɗauka, in an bar bit ɗaya domin nuna riba ce ko bashi, ita ce 2,147,483,647. In aka ɗora ɗaya a kai, sai ta kife ta koma −2,147,483,648, attajiri ya wayi gari da bashin da ba ya biyuwa. Irin wannan cikar mudu ce ta sa shahararren wasan nan Pac-Man na 1980 yake rikicewa a mataki na 256, domin bayit guda aka ware wa lambar mataki.

Katangun Da Aka Gina

Masu ƙirƙirar wasanni ba barci suke yi ba, kuma kowace katanga da suka gina ita ma darasi ce. Mafi sauƙi ita ce lambar tantancewa. Wasan zai yi wani lissafi a kan dukkan abin da ke cikin fayil, ya rubuta amsar a ƙarshe. Idan ya zo buɗewa sai ya sake lissafin, in amsa ba ta dace da wadda aka rubuta ba, ya san an taɓa, sai ya ƙi karɓa. Duk mai katin ATM yana yawo da irin wannan dabara a aljihunsa, domin lambar ƙarshe a jerin lambobin katin daga sauran ake samo ta, ta wani lissafi da Hans Peter Luhn na kamfanin IBM ya ƙirƙira a shekarun 1950. Shi ya sa in mutum ya yi kuskuren lamba ɗaya, na'ura ke ƙin karɓa tun kafin ta tuntuɓi banki. Bayan wannan akwai rikita rubutun fayil da mabuɗin sirri, ta yadda sauya sulalla 50 zai hargitsa kamannin fayil ɗin gaba ɗaya, a rasa abin kwatantawa.

Ita kanta babbar manhajar waya, wato Android, kamar gidan haya aka tsara ta, kowace manhaja da ɗakinta da kwaɗonta, ba mai leƙa ɗakin wani. A Android 11, wadda ta fito a 2020, an ƙara toshe burgamin nan mai suna Android/data, inda a da kowa ke shiga yana fita. Waɗanda suka buga Dream League Soccer, na kamfanin First Touch Games da ke Ingila, a wajajen 2019, suna tuna wani fayil mai suna profile.dat da ke zaune a can. A lokacin, yaro kan karɓo na wani ya ɗora a kan nasa, ya buɗe wasa ya tarar da tarin sulalla.

Katanga ta ƙarshe ita ce wadda ba ta ƙetaruwa daga cikin waya. Manyan wasannin da ake bugawa da mutane ta intanet, irin su Free Fire da PUBG Mobile da eFootball, sun ɗauke littafin daga hannun mai wasa gaba ɗaya, sun kai shi uwar garke, wato babbar kwamfutar kamfani da ke wata ƙasa. Abin da waya ke nunawa labari ne kawai na abin da ke rubuce a can. Mutanen Kaduna sun san alat na bogi: saƙo ya shigo wayar mai shago cewa kuɗi sun faɗa, amma a littafin banki ko kwabo bai motsa ba. To, haka nan duk wanda ya yi wa yaro alkawarin fayil ɗin da zai ba shi lu'ulu'u marasa iyaka a Free Fire, alat na bogi yake tallatawa. Tambayar da ta kamata yaron ya yi ita ce, me mutumin nan ke nema a wurinsa da har ya ɓata lokacinsa ya shirya wannan ƙarya?

Ba Yau Aka Fara Ba

Kafin a amsa wannan tambaya, ya kamata a yi wa masu taɓa fayil adalci, domin sana'arsu tana da tarihi. A shekarun 1980, mujallun kwamfuta na Ingila kan buga wa masu karatu lambobin da za su shigar a na'urar ZX Spectrum domin su sami rayuka marasa ƙarewa a wasa. A 1990 aka fitar da wata na'ura mai suna Game Genie da ke sauya lambobin wasannin Nintendo yayin da ake bugawa. Rikici ya kai kotu, kuma a 1992 kotun ɗaukaka ƙara a Amurka ta ce ba a keta haƙƙin mallakar Nintendo ba. A Oktoban 2024 babbar kotun Tarayyar Turai ta yanke hukunci mai kama da wannan a shari'ar Sony da kamfanin Datel, inda ta ce kariyar da dokar Turai ta ba manhaja ba ta shafi lambobin wucin gadi da wasa ke riƙewa a ma'adana yayin da ake bugawa ba. Masu wasan Doom na 1993 kuwa da gangan suka ware fayilolin hotuna da taswirori domin jama'a su gyara. Kuma Counter-Strike, ɗaya daga cikin wasannin da suka fi shahara a duniya, wasu samari biyu ne, Minh Le da Jess Cliffe, suka ƙera shi a 1999 ta hanyar gyaran wasan Half-Life. Kamfanin Valve, mai Half-Life, sayen aikin ya yi, ya kuma ɗauke su aiki.

Inda Gizo Ke Saƙar

Yanzu sai a dawo ga yaro na biyu. Manhajar Android a cikin wani ƙulli take zuwa da ake kira APK, kuma kowane ƙulli yana ɗauke da hatimin wanda ya yi shi. Wanda ya fasa ƙullin ya sauya wani abu, dole ya sake rufe shi da nasa hatimin, domin ba shi da na kamfani. Wannan ne ya sa fasasshen wasa ba ya hawa kan na asali sai an goge na asalin. Ma'anar haka ita ce, daga lokacin da yaro ya danna girkawa, amanarsa ta tashi daga hannun kamfanin da aka san adireshinsa ta koma hannun mutumin da ba a san ko sunansa ba. Kuma wanda ya iya cire talla ya zuba sulalla, ya iya zuba wani abu daban a gefensu.

Wannan ba zato ba ne. A 2021 kamfanin tsaron kwamfuta na Kaspersky ya gano wata muguwar manhaja mai suna Triada a cikin FMWhatsApp, ɗaya daga cikin gyararrun WhatsApp irin waɗanda matasa ke so saboda kwalliyarsu. Tana iya karanta saƙonnin tes, ta kuma yi wa mai waya rajistar wasu hidimomi na biyan kuɗi bai sani ba. A Satumban 2024 kamfanin ya sake ba da rahoton wata mai suna Necro a cikin gyararrun Spotify da WhatsApp da wasanni irin su Minecraft da Stumble Guys. Tana buɗe talla a ɓoye, tana sauko da wasu manhajojin ta girka, tana kuma iya mayar da wayar mutum hanyar da wasu ke bi su shiga intanet. Gaskiya ita ce Necro ta kutsa har cikin wasu manhajoji biyu da ke kasuwar Google Play, waɗanda aka sauke fiye da sau miliyan 11. Ke nan ko kasuwar hukuma ba ta tsira ɗungurungum ba. Amma a can akwai mai gadi, akwai kuma wanda za a kai wa ƙara, abin da babu shi a shafin da ke rabon fasassun wasanni.

To, wayar wa ake girka waɗannan abubuwa? A gidaje da yawa a Unguwar Dosa, kamar yadda yake a Kawo ko Badarawa ko Unguwar Shanu, ɗalibin sakandare ba shi da wayar kansa. Ta mahaifiyarsa ce ko ta yayansa yake ara da dare. A cikinta akwai manhajar banki, akwai layin da ke haɗe da BVN, kuma a nan ne lambar sirri ta wucin gadi ke shigowa duk lokacin da za a tura kuɗi. Wasan ƙwallo da ya nemi izinin karanta saƙonnin tes, ko izinin ganin duk abin da ke kan allo yana kuma dannawa da kansa, ba ƙwallo ce ta kawo shi ba. Jarin mai sayar da ƙosai ko kuɗin adashen da aka ba uwar gida amana na iya tafiya saboda sulallan da ko biredi ba sa saye. Mafi muni shi ne abin da masu gyaran waya ke kira rutin, wato cire kwaɗon dukkan ɗakunan gidan hayan nan domin a kai ga fayil ɗin wasa guda. In an yi haka, duk manhajar da aka ba wannan iko tana iya shiga ɗakin kowa. Ba banza ba manhajojin banki da dama ke ƙin buɗewa a irin wannan waya.

Saboda haka akwai bambancin da ya kamata kowane ɗalibi ya haddace. Fayil ɗin ajiya da hoton riga bayanai ne, karanta su ake yi, kuma galibi iyakar ɓarnarsu su lalata wasan. APK kuwa umarni ne, aiwatar da shi ake yi. Duk fayil ɗin da waya ta tsaya ta tambaya ko a girka shi, na kashi na biyu ne, ko da a shafin an rubuta cewa fayil ɗin ajiya ne.

Uzurin Talauci, Da Haƙƙin Wasu

Yaran suna da hujjarsu, kuma ba za a yi watsi da ita ba. Sulallan da dala ake ƙimanta su, naira kuwa ta faɗi ƙwarai tun daga tsakiyar 2023. Wasannin kuma da gangan ake tsara da yawansu ta yadda wanda bai biya ba zai yi ta jira har ya gaji. Kamfanonin ma ba waliyyai ba ne. A Disamban 2022 kamfanin Epic Games, mai wasan Fortnite, ya amince ya biya dala miliyan 520 bayan ƙarar da hukumar kula da cinikayya ta Amurka ta shigar, daga ciki miliyan 245 domin mayar wa waɗanda aka yaudara suka sayi abin da ba su yi niyya ba. Ƙasar Beljiyam kuwa tun 2018 ta ɗauki wasu akwatunan sa'a da ake saye da kuɗi a cikin wasa a matsayin caca.

Amma wannan uzuri yana da iyaka. Yaron da ya ƙara wa kansa sulalla a wasan da yake bugawa shi kaɗai, in akwai wanda ya cuta to kansa ne, domin wasan da babu faɗuwa a cikinsa ba ya kwana biyu bai gundure shi ba. Wanda kuwa ya ɗaga ƙarfin 'yan wasansa a asirce kafin ya kara da abokinsa a rumfar mai caji, ya tauye mudu, ko da kuwa pure wata ɗaya aka sa a tsakani. A duniyar wasan intanet, wannan ya zama babbar harkar laifi. A Maris na 2021 'yan sandan birnin Kunshan na ƙasar Sin, tare da kamfanin Tencent, suka tarwatsa wata ƙungiyar masu sayar da manhajojin maguɗi da aka ce ta tara kimanin dala miliyan 76. Japan ta gyara dokarta a 2018 ta haramta sana'ar gyara wa mutane fayil ɗin ajiya, kuma a 2021 an kama wani matashi a can saboda sayar da halittun wasan Pokémon da ya gyara. A Nijeriya ma, Dokar Haƙƙin Mallaka ta 2022, wadda aka sa wa hannu a Maris na 2023, ta kare manhajojin kwamfuta, ta kuma hana karya kariyar da mai haƙƙi ya sa wa aikinsa. A nan dole a faɗi abin da yaran Unguwar Dosa ba za su so ji ba: rigunan da fuskokin aikin masu sha'awa ne, amma shi kansa wasan PES ɗin da ake turawa ta Xender kayan Konami ne, kuma ba saye aka yi ba.

Abin Da Malami Zai Iya Yi

Malamin kwamfuta ko na lissafi yana da wata dukiya a ajinsa wadda bai sha wahalar samu ba, wato yara masu tambaya da kansu. Abin da ya rage shi ne a ba tambayar filin da ba na wani ba. Akwai wasannin da masu su suka buɗe ƙofa da kansu, kamar Luanti, wanda kafin 2024 ake kira Minetest. Yana aiki a Android, kyauta ne, kuma an gina shi ne domin a riƙa gyara shi da harshen Lua. Dream League Soccer ya daɗe da barin mai wasa ya shigar da rigar da ya zana da kansa, don haka ba abin da zai hana ɗalibi mai hannun zane ya fitar da ta Ranchers Bees ko ta Kaduna United. Inda akwai kwamfuta, Scratch, wadda jami'ar MIT ta Amurka ta fitar a 2007, ta isa ɗalibi ya ƙera ƙaramin wasa cikin darasi biyu. Wanda ya ɗan yi nisa sai ya rubuta nasa da Python, ya sa masa fayil ɗin ajiya, ya miƙa wa abokinsa ya ce in ya isa ya fasa. In aboki ya fasa, mai wasa ya ƙara katanga, washegari su yi musaya. Masu tsaron kwamfutocin bankuna da irin wannan kokawa suke horar da kansu, bisa izini. Ɗaliban kimiyyar kwamfuta na Jami'ar Jihar Kaduna da na Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Kaduna suna nan cikin gari, kuma makarantar da ta gayyaci biyu daga cikinsu ranar wata Asabar ba za ta kashe abin da ya wuce kuɗin mota ba.

Inda kuwa babu kwamfuta, ko akwai amma babu wuta, allo da alli sun wadatar. Malami ya rubuta waɗannan layuka biyu, ya gaya wa ɗalibai cewa fayil ɗin ajiya ne na wani wasa, na farko kafin a kashe sulalla 50, na biyu bayan an kashe:

0C 00 F4 01 03 04

0C 00 C2 01 03 D2

Gurbin sulalla ba zai ba su wahala ba. Wasu za su gane cewa 0C mataki na 12 ne, 03 kuma rayuka uku. Gardama za ta tashi ne a kan bayit na ƙarshe, wanda ya tashi daga 04 ya koma D2 alhali ba wanda ya taɓa shi. Kada malami ya yi saurin ba da amsa. In sun gaji, sai ya ce su mayar da bayit biyar na farko tushe goma su tara. A layin ƙasa za su sami 210, wato D2. A layin sama za su sami 260, wanda ya fi ƙarfin bayit guda, sai ya zube 256 ya bar 4. Daga nan sai ya ba su aikin gida: su rubuta layin da zai ba mai wasa sulalla 1,000 ba tare da wasan ya gane an taɓa shi ba. Da yawa za su kawo E8 03 a gurbin da ya dace, su mance da bayit na ƙarshe.